Saƙon Inna Fassuma Zuwa Jamus

Nakkasa, Makka.

Zuwa ga ɗana Laminu, wanda nake kira Aboki.

Da sunan Allah mai rahama mai jinƙai. Gaisuwa mai yawa, da fatan takardar nan ta same ka a Jidda lafiya, jirgin ruwanku bai riga ya ɗaga ba. Uwarka tana gaishe ka, ƙannenka suna gaishe ka. Allah ya tsare ka a tudu da ruwa, ya sauke ka inda za ka ba tare da ka ga abin ƙi ba.

Na san Larabci ya fi maka sauƙi, Hausarka kuwa irin ta 'ya'yan Makka ce, rabi nan rabi can. Ka yi haƙuri ka bi ta a hankali. Da Hausa na faɗi maganar da ta fitar da kai daga gidan nan, da ita kuma nake so in gyara.

Ka tuna yadda aka yi. Ka shigo da murna ka ce kamfanin da kake wa aiki zai tura ka Jamus koyon gyaran injin wuta. Ina zaune ina yanka naman tsire, ko kai ban ɗaga ba, na ce in ka taka ƙasar mutanen nan ban yafe maka ba. Ka ce, "Ya abuya, ka saurare ni shuwayya." Na ce babu abin da zan saurara. Washegari ka ɗauki jakarka ka tafi. Tun daga ranar uwarka ba ta ajiye mini kwano sai da ƙara. Na san maganar nan tana wuyanka, kuma ba na so ka hau ruwa da ita. Zan zo kanta. Amma ka san ubanka, ba ya shiga zance sai ya zagaya. Ka bar ni in zagaya, domin akwai saƙon da zan ba ka, ba kuwa za ka gane shi ba sai ka ji inda ya fito.

Ka san sunan abokina ka ci, shi ya sa nake ce maka Aboki. Ni da Laminu unguwarmu ɗaya a Damagaram, rana ɗaya Faransawa suka ɗebe mu soja, babu wanda ya tambaye mu ko muna so. Mutum ne mai dariya. Har muka tsallaka teku bai iya maci ba, in an ce hagu sai ya ba da dama, sarjan yana zagi shi yana murmushi. Da yaƙi ya juya, Jamusawa suka ritsa mu a bakin wani daji, manyanmu suka ce a ajiye bindiga, muka ajiye. Sai suka ware baƙaƙe gefe, farare gefe. Ni ina goye da wani hafsanmu Bafaranshe da aka harba a cinya, ya riƙe wuyana ya ƙi saki, shi ya sa aka bar ni cikin farare. Laminu da sauran aka kora su bayan wani shinge. Ya waiwayo sau ɗaya ya dube ni. Da rana tsaka ne, na ji ƙarar harbin da kunnena. Ba a yi masa wanka ba, ba a yi masa salla ba, har yau ban san sunan wurin ba.

Shekarun da na yi a hannunsu ba zan ba ka labarinsu ba. Yatsun ƙafata da kuke tambaya kuna yara, ina cewa kura ta cinye, can na baro su, sanyi ne ya ci.

Da yaƙi ya ƙare sai duniya ta yi juyin waina. Jiragen da za su mai da mu gida ba su samu ba, sai aka ba mu bindiga aka ce mu tsare fursunonin Jamus a wani ƙauye na Faransa. Ka ga mutanen da jiya suke daka mana tsawa, yau suna cire hula in na wuce. Ba zan ɓoye maka ba, na ji daɗi. Aikinsu kwashe duwatsu ne da gyaran cocin ƙauyen, wanda bom ya yaye wa rufi.

Limamin cocin wani dogon tsoho ne, muna kiransa Mai-giɓi, don babu haƙora a gaban bakinsa. Jamusawa ne suka zubar da su lokacin da suka kama shi yana ɓoye mutane. Wannan tsohon, da ya fi kowa dalilin ƙin su, shi ne ya je wurin kwamandanmu ya ce ranar Lahadi a kawo masa fursunonin su yi ibada tare da mutanen gari. Ni aka sa rakiya. Na tsaya a bakin ƙofa da bindigata, ban shiga ba, amma ƙofar a buɗe take, ina ganin komai.

Lahadin farko, da fursunonin suka shigo, mutanen gari suka tashi suka fice. Wani ya tofa wa tsohon yawu a riga. Ya share, ya yi ibadarsa da Jamusawa da wasu tsofaffin mata da ƙafa ba ta bar su sun tashi da wuri ba. Mako na zagayowa ya sake aikowa a kawo su. Haka aka yi ta yi, mutane suna dawowa da ɗaiɗai, domin ba su da wani cocin, shi kuwa ya rantse ba zai raba ibada biyu ba.

A nan na ga abin da ban sani ba. Ashe ibadarsu ba da Faransanci ake yi ba, ba kuma da Jamusanci ba. Da wani tsohon harshe ne wanda ba na uwar kowa ba a cikinsu, kamar yadda mu da Baturke da mutumin Jawa muke haɗuwa a Larabcin salla. In limamin ya ja, sai ka ji Faransawa da Jamusawa sun amsa da kalma ɗaya, baki ɗaya, ba ka iya rabe muryar wannan da ta wancan. Na ga wasu sun razana da jin haka, suna waige. Can ƙarshe kuma akwai wani katako a gaba, kowa ya je ya durƙusa a jere, limamin ya sa masa ɗan gutsuren gurasa a harshe. Akwai wata mai gasa burodi a ƙauyen, Jamusawa sun harbe ɗanta a dandali. Ran nan ta zo layi, ba sauran wuri sai wani ɗan giɓi kusa da wani fursuna. Ta tsaya ta daɗe. Sai ta durƙusa, kafaɗarta tana taɓa tasa. Ban ce ta so shi ba. Da ta fito ta wuce ta gabana fuskar nan a murtuke, tana kaɗe hannun rigarta. Amma Lahadi ta gaba ta sake durƙusawa a wurin.

Na tambayi Mai-giɓi da ɗan Faransancina na bariki, na ce yaya ya yi da su. Ya ce, "Ban ce su so juna ba, wannan ya fi ƙarfina. Cewa na yi a gaban Allah layi ɗaya ne, wanda ba zai iya durƙusa kusa da maƙiyinsa ba ya zauna gida. Sauran aikin ba nawa ba ne." Ka ji, Aboki. Ai abin da limaminmu yake faɗa ke nan kullum kafin ya ta da kabbara, a daidaita sahu, a toshe giɓi. Amma a lokacin dariya na yi. Na koma wurin 'yan'uwana sojoji na ce Turawa ke nan, jiya su yanka juna, yau su haɗu su lashi gurasa. Na yi ta kwaikwayon matar nan ana ƙyaƙyatawa. Abin da ta yi ya fi duk jarumtar da na gani a fagen yaƙi, ni kuwa na mai da ita abin wasa. To in ka je can za ka ga suna ibada ba irin tamu ba. Ka riƙe addininka da kyau, kada ka shiga tasu. Amma kada ka yi wa mai ibada dariya, ba ka san abin da ya haɗiye ba kafin ya durƙusa.

Cikin fursunonin akwai wani siriri, kafinta, sunansa Matiyas, kunnensa na hagu a tsage. Shi yake hawa yana ɗora katakon rufi. Na lura yana yawan kallona, na ɗauka raini ne, har na taɓa zungurinsa da gindin bindiga. Wata rana ina sallar la'asar a bayan cocin, sai ga Mai-giɓi tare da shi. Suka tsaya nesa har na yi sallama, sannan suka matso. Tsohon yana jin Jamusanci, shi ya yi mana tafinta.

Matiyas ya ce a farkon yaƙi rundunarsu ta kama sojoji, aka ware baƙaƙe, aka ce su harbe su, shi ma ya harba. Ya ce ya kai maganar wurin limamin, limamin ya ce masa gafarar Allah tana da faɗi, amma haƙƙin mutane a wurin mutane ake nemansa. Matiyas ya ce bai san sunan kowa a cikinsu ba, bai san garinsu ba, ni ne baƙin mutum guda da zai iya tsayawa a gabansa. Sai ya miƙo mini hannu.

Na tambaye shi a ina ne. Ya faɗi sunan wani wuri da ban taɓa ji ba, ni kuma ban san sunan inda Laminu ya faɗi ba. Saboda haka har gobe ban san ko shi ne ko ba shi ba ne.

Ka san ubanka da baki. Nan take dabara ta zo mini. Na ce wa tsohon ya gaya masa a addininmu jini na magada ne. Ni ba uban Laminu ba ne, ba wansa ba ne, ba ni da ikon yafe abin da ba nawa ba. Uwarsa tana raye a Damagaram, ita ce mai haƙƙi. Maganar nan gaskiya ce, ka tambayi kowane malami a Harami zai gaya maka. Sai dai ba don girmama shari'a na faɗe ta ba, sakata na nema in danna. Na ɗauka tsohon zai yi jayayya. Sai ya gyaɗa kai ya ce, "Addininku ya yi gaskiya. To kai za ka koma gida, ka kai mata." Na ce to, irin to ɗin da ake ce wa mai talla don ya wuce. Tsohon ya sa Matiyas ya faɗi sunan garinsu, ya sa na maimaita. Duk wannan hannun yaron yana miƙe, bai sauke ba, sai da tsohon ya kama shi ya sauke masa.

Na yi nadamar wannan, Aboki, nadama mai tsanani. Ko da ban yafe jini ba, zan iya kama hannun in ce na ji, zan kai. Bai fi haka ba. Duk ranar da ka ga hukuncin addini ya zo daidai da fushinka, ya zauna maka ɗas, ka tsaya ka binciki kanka. Na san shari'a a ranar, amma ban ji tsoron Allah ba.

Ba zan ɗora wa kaina duka ba tare da na gaya maka abin da ya ƙara taurara ni ba. Da lokacin tafiya ya yi, Faransawa suka karɓe manyan rigunanmu na sanyi, suka loda mu a jirgi, ko sannu da aiki babu. Na dubi abin na ce, sun iya durƙusa kusa da wanda ya kashe musu 'ya'ya, amma mu da muka mutu saboda su ba su iya duban idonmu. Har yau wannan yana ci mini rai, kuma ba ƙarya ba ne. Sai dai cikin Turawan nan duka, na wannan ɓangare da na wancan, mutum ɗaya ne ya taɓa tsayawa a gabana ya ce ya yi wa baƙar fata laifi. Shi ne kuma na sauke wa haushin sauran.

Da na isa Damagaram na je gaishe da uwar Laminu, Inna Fassuma. Ta shimfiɗa mini tabarma, ta kawo fura. Ta tambaye ni ko an yi masa sutura, na sunkuyar da kai, ta gane. Can ta ce, "Isufu, waɗanda suka yi wannan, mutane ne kamar mu?" Ga ƙofa ta buɗe mini da kanta. Na ce, "Inna, ba mutane ba ne." Na shanye furata na tashi.

Ka san abin da ya hana ni? Na san halinta. Mace ce da in akuyar maƙwabta ta shiga ta ci mata hatsi, sai ta ba ta ruwa kafin ta kora ta. Na san in na faɗa mata za ta yafe kafin in rufe baki, ni kuwa a bar ni da hannu wofi. Ƙiyayyar nan ita kaɗai na dawo da ita daga yaƙi, ina ganin in na sake ta na saki Laminu. Ba a daɗe ba na ce ba zan zauna ƙarƙashin tutar Faransa ba, na ɗauki uwarka muka yi gabas. Muka ratsa Cadi, muka tsaya Sudan muna tsinkar auduga, can aka haife ka, sannan muka tsallako muka hau dutsen nan na Nakkasa. Mutane suna cewa son Ɗakin Allah ne ya kawo Isufu. Har da shi. Amma har da gudun idon tsohuwar nan. Sunan garin Matiyas kuwa a hanya ya zube mini, don ban so riƙe shi ba. Abin da ya rage mini shi ne yana bakin babban kogin da ke tsakaninsu da Faransa.

Saƙo amana ne, ɗana. In an ba ka, ka kai, ko ba ka so amsar da za a bayar ba. Ba aikin ɗan aike ba ne ya zaɓa wa mai saƙo abin da zai ji.

Ka ga zamana a Makka. Na yi ɗawafi kafaɗa da kafaɗa da kowane irin mutum, na ji huɗuba a kan afuwa har na haddace, ina gyaɗa kai ina cewa sadaƙta. 'Yan shekarun baya ina zaune a rumfar gahawar Bayamanen nan ta gindin dutse, rediyo ya ce shugaban Faransa da na Jamus sun tsaya gefe da gefe a wani babban coci da yaƙi ya taɓa rusawa, an yi ibada, sun ce gaba ta ƙare. Mai gahawa ya ce, "Masha Allah, ya Hajji, yaƙinku ya mutu." Na ce a kan kaburburanmu suke shiryawa, na tashi na bar shayina. Ina hawan dutse ina huci, amma matar nan mai burodi nake gani. Na san ba a ranar aka fara ba. A irin ƙauyen nan aka fara, da irin Mai-giɓi, Lahadi bayan Lahadi, manya daga baya suka zo suka tarar. Su da suka yi yaƙin sun sauke, ni da aka ɗauko daga Damagaram aka jefa ciki ina nan ɗauke da shi a garin da aka hana ko tsinke ciyawa.

Sai ga Inna Fassuma ta zo hajji. Wannan kai shaida ne, a ɗakinmu ta sauka. Ka tuna da aka ce mata sunanka, ta kama fuskarka da hannu biyu ta ce ɗanta ya yi tsawo. Kai ka goya ta zuwa wurin jifa, tana ta yi maka faɗa wai kana gudu da ita. Abin da ba ka gani ba shi ne abin da ya faru a tanti a Mina, ka fita ɗaukar kayan alhazai. Da yamma ne, daga ni sai ita sai uwarka. Ka san al'adar tsofaffinmu in sun sauko daga Arfa, su bi kowa suna neman gafara. Ta ce, "Isufu, ka yafe mini." Na ce, "Inna, me kika taɓa yi mini?" Ta ce, "A Arfa na yafe wa duk wanda na san sunansa. Saura waɗanda ban sani ba. Na yi ta ƙoƙari, abin ya ƙi, don ba su da fuska. Cikin mutanen nan duka, babu ko ɗaya da ya taɓa yin nadama?"

A Mina muke, da sabon aski a kaina, an ce an wanke mini zunubi. Ban iya sake yi mata ƙarya ba. Na faɗa mata duka.

Ta ce, "Sunansa wa?" Na faɗa. Ta gwada, bakinta bai kama ba, ta ce Matiya. Ta ce, "Yana da uwa?" Na ce ban tambaya ba. Ta ce, "Ai ba za ka tambaya ba." Sannan ta juyo ta dube ni sosai. "Isufu, wa ya sa ka gadin ƙofata? Kai da bakinka ka ce haƙƙina ne, sannan ka naɗe ka sa a aljihu. Duk shekarun nan ina kwana ina tashi da mutanen da ba su da fuska. Da ka faɗa mini, da na sami wanda zan yafe wa in huta. Shi ka hana shi, ni ma ka hana ni."

Na ce, "Inna, wataƙila ma ba shi ba ne."

Ta ce, "Ko ba shi ba ne, ɗan wata ya kashe, ita kuwa saƙon ba zai taɓa isa gare ta ba. Ni ya iso wa. Nawa na yafe, duniya da lahira. Na sauran uwaye Allah ya san yadda zai yi da su. Ka gaya masa Fassuma ta ce ya sauke hannunsa, ya gaji."

Na ce ta yaya zan kai, ga nisa, ga shi ban san garin ba. Ta ce, "Yadda ka kawo haka za ka mayar. Ni dai na fita." Ka san ba ta koma gida ba, kafin ayarinsu ya tashi ta rasu, kai ma kana cikin waɗanda suka ɗauke ta zuwa maƙabartar Ma'ala. Ta tafi da sauƙi, ta bar ni da kaya.

To ka ji wautar ubanka. Saƙon farko na riƙe shi don mugunta. Na biyu na ce don babu hanya ne, ina ma jin daɗin babu hanyar. Sai Allah ya kawo hanya har cikin ɗakina, da ƙafafunta, da sunan Laminu a kanta, ni kuwa na kore ta. Ban ma ga haka ba sai da uwarka ta nuna mini. Shekaranjiya ta ajiye kwano ta ƙi tafiya. Ta ce, "Malam, ina cikin tantin nan fa. Tsohuwa ta ce yadda ka kawo haka za ka mayar. Wa kake jira ya zo ya ce zai tafi Jamus, Mala'ika?" Na fita na hura wuta, naman ranar duk ƙonewa ya yi.

Tsoro ne ya sa na faɗa maka abin da na faɗa, ba ƙi ba. Da ka ce Jamus, shingen nan na gani, da Laminu yana waiwayowa. Na ce sun karɓi ɗaya, ba zan ba su na biyu ba. Amma tsoron uba ba dalili ba ne na ɗaure ɗa da baki. In Allah ya ba ka 'ya'ya, kada ka yi musu magana mai nauyi da wuƙa a hannunka da wani abu a zuciyarka da ba su san shi ba. Ka ajiye wuƙar tukuna, ka gaya musu abin da kake tsoro.

Yanzu ga abin da nake so. Ka je ka koyi aikinka, ka koye shi da kyau, kada a ce ɗan Isufu ya tsallaka teku don kallon gine-gine. Ka tsare salla ko da kai kaɗai ne a garin. Ka tambayi abin da ke cikin tukunya kafin ka sa hannu. Ka sayi safa mai kauri, kada ka raina sanyinsu, ka dubi ƙafata. Za ka ga tsofaffi sa'o'ina, wani babu hannu, wani babu ido. Kada ka riƙa dubansu kana cewa ko wannan ne. Na yi wannan aikin a madadin gidanmu duka, ya isa. In wani ya raina fatarka kada ka sunkuyar da kai, amma kada ka ɗora laifinsa a kan na kusa da shi, wannan ma na riga na yi maka. Uwarka ta ce in ƙara da cewa ita ba ta jin Jamusanci, saboda haka kada ka kawo mata surukar da sai an nemo tafinta.

In ka sami hutu, ka nemi garuruwan bakin kogin nan. Ranar Lahadi ka je coci. Kada ka shiga, ka tsaya a bakin ƙofa inda na tsaya, kai dai ba bindiga. In sun tashi ka gaishe da limaminsu, ka ce sunanka Laminu, ka ce kana neman wani kafinta Matiyas mai tsagaggen kunne, wanda ya yi fursuna a Faransa ya gyara rufin coci. Wataƙila sunan nan a wurinsu kamar Musa ne a wurinmu. Wataƙila ya mutu. In ka gwada nan da can ba a same shi ba, ka roƙi wani limami ya faɗa a gaban jama'arsa, cewa wata tsohuwa Fassuma ta Damagaram, wadda aka harbe ɗanta a bayan shinge, ta yafe. Na tabbata a kowane coci a ƙasar nan ba za a rasa wanda maganar za ta shiga kunnensa ba.

In kuwa Allah ya sa ka same shi, ka gaya masa saƙonsa ya isa, amsa ta fito tun ranar da aka ji shi. Ka gaya masa jinkirin daga ɗan aike ne, ba daga tsohuwa ba. In ya miƙo hannu ka kama, ka riƙe da kyau. Hannunka nawa ne.

Na gama zagaye, na iso ƙofa. Maganar da na faɗa maka na janye ta. Na yafe maka duniya da lahira, ko da yake ba ka yi mini laifin komai ba. Ka taka ƙasar da albarkata. Ni ne mai neman gafara, na fitar da kai daga gidan ubanka kamar baƙo, ba tare da addu'a ba. Direban da ya kawo maka takardar nan, maƙwabcinmu Sani, zai juyo gobe. Ba sai ka rubuta komai ba, ka gaya masa da baki, kalma ɗaya ta isa. Zan zauna a gindin dutse inda motoci suke tsayawa. Yau kwana biyu ke nan nawa hannun yake miƙe, na fara sanin yadda yake gajiya. Kada ka yi irin ta ubanka.

Ga kilishi da yaji uwarka ta ƙulla maka, ta ce kada ka rabar tun a jirgi.

Allah ya kwantar maka da teku, ya haɗa ka da mutanen kirki, ya tsare maka addininka da lafiyarka. Allah ya ji ƙan Laminu da Inna Fassuma. Allah ya dawo mana da kai ina da rai, in ji daga bakinka cewa saƙo ya isa. Na bar ka a hannun wanda ajiyarsa ba ta ɓata.

Wassalamu alaika.

Mahaifinka,
Isufu mai tsire.